Mai Iyon Rigingine da Kujerar Can Sama

Akwai wata mace a ƙasar Japan, sunanta Yukino, 'yar wani masunci ce daga wani ƙaramin tsibiri. Mahaifiyarta ta rasu tun tana jaririya. Mahaifin nan shi ya rene ta, shi ne kuma ya koya mata iyo a bakin teku. Da ta tasa sai ta zama gwana a irin iyon da ake yi a rigingine, wato mutum ya kwanta da bayansa a kan ruwa, fuskarsa tana kallon sama, yana tuƙa kansa da hannuwa.

Tana da shekara goma sha bakwai aka kai ta babban birni gasar ƙasa. Mahaifinta ya zo kallo da tsohuwar rigarsa ta zuwa su, ya zauna a sahun gaba. Sa'ad da kowa ya yi tsit ana jiran alamar farawa, sai ya kwaɗa mata kira da irin muryar da masunta ke kiran juna da ita daga jirgi zuwa jirgi. Jama'a suka fashe da dariya. Hankalin Yukino ya rabu, ta yi jinkirin tashi, ta zo ta shida.

Da suka fito waje ta ce masa, "Baba, ba na so in ƙara ganinka a wurin gasa."

Ya dube ta, ya ce, "To, 'yata." Ya juya ya nufi tashar jirgin ƙasa.

Daga ran nan Yukino ta ba ruwa ranta. Ta kama ɗan ɗaki kusa da wurin horo. Kafin gari ya waye tana cikin ruwa, kunnuwanta a nutse, ba ta jin muryar kowa, ba ta ganin komai sai ƙarafan rufin ginin suna wucewa ɗaya bayan ɗaya. Ita kaɗai take cin abinci. 'Yan matan da suke horo tare kuwa ba ta ɗauke su ƙawaye ba, gama kowaccensu matsayinta take nema. Wani mutumin kirki ya nemi aurenta, ta ce ya jira sai bayan babbar gasar duniya da ake yi duk shekara huɗu. Ya jira huɗun, ta ce ya ƙara huɗu, sai ya auri wata.

Ta kuwa yi suna. Sau shida tana zama ta ɗaya a ƙasarta, sau ɗaya ta dawo daga gasar duniya da lambar tagulla. An liƙa hotonta a tashoshi da kantuna. Mahaifinta kuwa sai ranar sabuwar shekara take buga masa waya, su yi zancen sanyi da na kifi, ta ce koci, mai horar da ita, yana jiranta.

Haka aka yi shekara goma sha uku. Kafaɗarta ta dama ta fara ciwo, yara kuma suna tasowa. Sai ranar zaɓen waɗanda za su wakilci ƙasar ta zo, mutum biyu kaɗai za a ɗauka, ta kuma sani ba ta da wata dama bayan wannan. Ta yi iyo da dukan ƙarfinta. Da hannunta ya taɓa bango ta ɗaga kai ta dubi allon sakamako. Ta uku. Abin da ya raba ta da ta biyu bai kai ƙiftawar ido ba.

'Yan mata biyun da suka ci suka rungume juna cikin ruwa, 'yan jarida suka yi musu caa. Kocinta ya dafa kafaɗarta ya ce, "Kin yi ƙoƙari," ya wuce da sauri, domin ɗaya daga cikin yaran shi ke horar da ita.

Yukino ta daɗe zaune a ɗakin sauya kaya. Ta ɗauki wayarta ta bi sunayen da ke ciki daga farko har ƙarshe, ba ta ga wanda za ta kira ta yi masa kuka ba. Can da la'asar ta fito. Ba ta so ta bi ƙofar da 'yan jarida suke, sai ta hau matakalar da ke kaiwa wurin zaman 'yan kallo. Kujeru dubbai, duk fayau. A sahun ƙarshe, can kusa da rufi, ta hangi wani tsoho zaune shi kaɗai, sanda a tsakanin gwiwoyinsa.

Ta matsa kusa. Sai ta tsaya cik.

"Baba! Me kake yi a nan?"

Ya ce, "Kin ce ba kya so ki gan ni. Shi ya sa nake hawowa nan sama."

"Kake hawowa? Tun yaushe?"

"Tun shekarar da ta biyo bayan waccan. Sau ɗaya ne ban zo ba, guguwa ta hana jirgin ruwa tashi."

Daga tsibirinsu zuwa birnin nan tafiyar yini biyu ce. Ta zauna kusa da shi, ta ce, "To, me ya sa ba ka taɓa jirana ba?"

Ya ce, "Duk ranar da kika ci, kina da mutane, sai in tafi abina. Yau na ga kowa ya watse ya bar ki, shi ya sa ban tashi ba."

Sai ta kifa kanta a kan gwiwarsa ta yi kuka irin na yara. Sa'an nan suka sauko tare, a hankali, gama gwiwoyinsa sun tsufa.

Ma'anar misalin nan, 'yan'uwana, ita ce: mahaifin nan kwatancin Ubanmu na Sama ne, Yukino kuwa ni ce, kai ne, ke ce. Da yawanmu mun taɓa jin kunyar Allah a gaban mutane. Ba mu ce babu shi ba. Cewa kawai muka yi ya koma gefe har mu gama makaranta, har kasuwa ta kankama, har a san da mu. Mukan gaishe shi sau ɗaya a shekara, ranar Kirsimeti, mu ce aiki yana jiranmu. Shi kuwa ba ya fasa ƙofa ya shigo da ƙarfi. Amma bai tafi ba. Masu tafa maka yau za su tafa wa wani gobe, ba don mugunta ba, haka duniya take. Shi ne zai zauna bayan an watse.

Sai dai ku lura da abu ɗaya. Yukino ta sami mahaifinta, amma shekara goma sha ukun nan da ta yi tana cin abinci ita kaɗai, ba wanda ya mayar mata da su. Kaɗaicin nan ba dole ba ne, ita ta zaɓa. Kada ka jira sai ka faɗi kafin ka neme shi. Ka kira shi yau, tun ana tafa maka.