Dangana da Rumbun Kurege

Ga ta nan, ga ta nanku, ku matso kusa.

Ta zo mu ji ta, mun kasa kunne.

A wata ƙasa an yi wani attajiri mai suna Jatau. Yana da rinji a bayan gari, tafiyar hantsi guda. Rinji kuwa, ku da ba ku tarar ba, ƙauye ne na bayi. Mai shi yana zaune a birni, su suna can suna noma masa gandu.

Bayin Jatau talatin ne. Gari na wayewa sai su fita gandu, su yi ta noman dawa da gero. Da rana a kawo musu tuwo. In azahar ta yi a sake su, kowa ya tafi gayaunarsa, wato 'yar gonar da aka yanka masa don ya ci da kansa. Mai tsaye a kansu shi ne sarkin gandu, Nasamu. Shi ma bawa ne, sai dai an ba shi riga da bulala.

A cikin bayin akwai wata mata, Dangana. Tana budurwa aka kamo ta daga wani gari na kan duwatsu, Jatau ne ya sa mata wannan suna. Mijinta Barka a rinjin aka haife shi. Ƙato ne mai yawan dariya, duk wanda ƙotar fartanyarsa ta karye wurinsa yake kawowa. Allah bai ba su haihuwa ba, su biyu ne rak a bukkarsu.

Ana nan, sai wata shekara fatake suka sauka gidan Jatau da raƙuma. Suka ce masaƙa a wata ƙasa mai nisa suna neman auduga, ko nawa ce za su saya. Jatau ya kira Nasamu ya ce, "Bana rabin gandu auduga."

Aka shuka, aka yi noma, aka tsinka. Fatake suka kwashe, suka zube wa Jatau wuri, kuɗin wancan zamani.

A wannan kakar ne Dangana ta je gayaunarta ta tarar da Kurege a tarko, bakinsa cike da gyaɗarta. Ta ɗaga fartanya.

Sai Kurege ya ce, "Dakata, baiwar Allah. Tambaya ɗaya, sannan ki buga."

Ta ce, "Yi."

Ya ce, "Farin abin nan da kuka shuka a gandu, na ɗanɗana, saura kaɗan ya shaƙe ni. Wa ke cin sa?"

Ta ce, "Ba a ci. Auduga ce, fatake ke kwashewa."

Ya ce, "To, bana rabi. Baɗi fa? Ina kan katanga ranar da aka zube wa Jatau wurin nan, na ga fuskarsa. Ba zai tsaya a rabi ba. Ki sake ni, ki riƙa ba ni ajiyar hatsi."

Dangana ta yi dariya ta ce, "Ɓarawon gyaɗata zan ba ajiya? Ina da rumbu."

Ya ce, "Rumbun na wa ne?"

Ta ce, "Nawa."

Ya ce, "Ke kuma ta wa ce?"

Sai ta sauke fartanyar.

Kurege ya ce, "Rumbunki a sama yake, kowa na gani. Namu a ƙasa yake. Cikin uku zan ci ɗaya, ba zan ɓoye miki ba. Biyun kuwa ko shekara nawa suna nan."

Ta kwance shi. Da ta koma gida ta gaya wa Barka, ya yi dariya har da hawaye. Da ya gama dariyar, shi da kansa ya ɗauki damin farko ya kai bakin daji. Kurege da danginsa suka sussuke, suka rarraba a ramuka.

Shekara ta biyu fatake suka dawo, suka ce a ƙaro. Jatau ya ce, "Bana gandu duka auduga. Hatsi a kasuwa zan saya." Tuwon rana ya koma kunu. Da matan rinji suka ga haka, sai ɗaya bayan ɗaya suka riƙa zuwa wurin Dangana da ɗan abin da suka rage, ita kuma ta miƙa wa Kurege.

Shekara ta uku fatake suka ce a ƙaro dai. Jatau ya ce, "Bana har gayauna auduga. Kuma babu sauran tashi da azahar, sai rana ta faɗi."

Dangana ta sami Kurege ta ce, "Bana ba ni da abin kawowa. An ƙwace gonar."

Ya ce, "Akwai wata fadama bayan dutse, ba mai zuwa. Mu za mu shuka daga cikin ajiyar, tonon ƙasa aikinmu ne. Ku kuma in kun fito itace ku riƙa cire ciyawa."

Haka aka yi.

To, a wannan shekarar ruwa ya ɗauke da wuri. Gonakin ƙasar suka ƙone, sai fadamar nan mai riƙe laima ce ta yi hatsi. Audugar da aka samu aka tara a rumfuna ana jiran fatake. Aka jira, aka jira, ba su zo ba. Ashe yaƙi ya rufe hanya.

Jatau ya aika kasuwa da kuɗin wuri a sayo hatsi. Masu hatsi suka ce ba sa son wuri, abu mai rai suke so. Ya ba da dokinsa. Ya ba da shanunsa. Sai wata safiya ga shi a rinji tare da dillalai biyu.

Nasamu ya jera bayi a tsakar rinji. Dillalan suka bi su ɗai-ɗai suna duba haƙora, suna matsa dantse. Suka tsaya a kan Barka. Aka yi ciniki a kan taiki uku na dawa, wato manyan buhunan fata, Nasamu ya ɗaura masa igiya.

Dangana ta ɗebo ruwa ta kai wa Barka. Ta ce a hankali, "Maigida, zan faɗa musu muna da hatsi."

Ya ce, "Kul. In kin faɗa yanzu, su kwashe hatsin, ni ma su tafi da ni. Mutum ashirin da tara ne a bayana."

Ya shanye ruwan, ya miƙa mata ƙwaryar. Aka ja shi. Tana tsaye har suka sha kwana a bayan kuka. Kafin dillalan su tafi ta ji sun ce wa Jatau za su dawo da wani hatsin nan da kwana bakwai.

Kwana biyu ba ta ci ba. Ran na uku ta tafi bakin daji ta ce wa Kurege, "Me ajiyarka ta yi mini? Hatsi na ƙasa, mijina na hanya."

Kurege bai yi musu ba. Ya ce, "Ba ta yi miki komai ba tukuna. Amma ki lura da abu ɗaya. Ko yanka ki za a yi, ba ki san inda hatsin yake ba. Abin da ba ki sani ba, ba mai ƙwace shi daga bakinki. Ki ɗauki ƙwarya guda ki tafi birni."

Sai ta ɗauki ƙwaryar gero ta tafi gidan Jatau. Ta tarar da shi a zaure ya rame, daga cikin gida ana jin kukan 'ya'yansa. Nasamu na tsugune a gefe. Ta durƙusa ta buɗe ƙwaryar.

Jatau ya zabura ya ce, "Ina kika samo wannan?"

Ta ce, "Ranka ya daɗe, akwai da yawa. Kullum zan kawo maka masaki ɗaya, babbar ƙwarya cike. Kullum kai kuma ka saki mutum ɗaya daga rinji, a gaban alƙali."

Ya ce, "Ke tawa ce, abin hannunki nawa ne. Nasamu, tambaye ta inda yake."

Nasamu ya ɗaga bulala ya zuba mata. Ta ce ba ta sani ba. Ya ƙara. Ta ce ba ta sani ba. Zai yi ta uku, sai aka ji murya daga kan katanga.

"A bar ta haka. Ni ne mai ajiyar. Ku biyo ni in nuna muku."

Kurege ne. Jatau da Nasamu suka bi shi daji, Dangana na biye. Ya tsaya a bakin wani rami ya ce, "Nan ne." Nasamu ya zura hannu, sai cinnaku suka rufe shi har kafaɗa. Ya yi ta tsalle yana kakkaɓewa.

Kurege ya ce, "Af! Yunwa ta rikita ni. Wancan ne."

Suka je rami na biyu. Nasamu ya zura ɗaya hannun, sai kunama ta ɗana masa harbi. Ya faɗi yana birgima.

Kurege ya ce, "Kash! Ramukan ne suke kama da juna. Amma wannan na ukun ba shakka."

Nasamu ya ce, "Ranka ya daɗe, hannuna biyu ne, duka sun ƙare."

Jatau ya naɗe hannun riga ya zura nasa. Ashe gidan beguwa ne. Ya zaro hannun ƙayoyi sun tsaya a kai reras.

Kurege ya haye bishiya ya ce, "Ramuka sun fi dubu a dajin nan. In kana so mu ci gaba, ni ba na gajiya."

Jatau ya dubi hannunsa, ya dubi Dangana. Ya ce, "Gobe a gaban alƙali."

Washegari aka fara. Masaki ɗaya ya shiga gidan Jatau, alƙali ya rubuta takardar 'yanci ɗaya. Dangana ta fara da ƙarfafan maza da 'yan mata, waɗanda ta san dillalai za su so. Da dillalan suka dawo, alƙali ya ce akwai magana a gabansa kan mutanen rinjin nan, ba a taɓa ko ɗaya. Alƙalin ma kuwa kullum akan aje masa 'yar ƙwaryar hatsi a bakin ƙofa.

Haka aka yi ta yi, kullum mutum ɗaya. Duk wanda ya karɓi takardarsa sai ya wuce fadamar bayan dutse ya kafa bukka. Dangana ta bar kanta sai ran na ashirin da takwas. Ya rage Nasamu shi kaɗai.

Mutane suka ce, "A bar shi. Da bakinsa ya jera mu, da hannunsa ya ɗaure Barka."

Kurege ma ya ce, "Abin da ya saura na ci ne kafin damina, da na iri. In kin ba da masaki don wannan, sai kun rage cin ku."

Dangana ta tafi rinji. Ta tarar da Nasamu zaune a tsakiyar bukkokin da ba kowa, hannuwansa ba su gama saɓewa ba. Ya sunkuyar da kai.

Ta ce, "Ranar da aka tafi da maigidana, ina suka ce za su kai shi?"

Ya ce, "Na ji sun ambaci kasuwar bakin kogi, ta gabas, tafiyar kwana tara." Sannan ya ce, "Igiyar ban matse ta ba. Iyakar abin da na iya ke nan."

Ta ce, "Ban yafe maka ba, kada ka zaci haka. Amma ko mutum ɗaya ba zan bar wa Jatau ba. Tashi."

Ta ɗauki masakin da kanta ta kai. Alƙali ya rubuta ta ƙarshe.

Damina ta zo, mutanen fadama suka shuka dawa da gero da wake, da 'yar auduga kaɗan ta yin zanensu. Gandun Jatau ciyawa ta cinye shi, don ba mai riƙe fartanya. Audugar rumfuna gara ta shiga. Lokacin da hanya ta buɗe fatake suka dawo, ba su sami abin ɗorawa ba, suka wuce wani gari.

Da aka gama kaka Dangana ta ɗaura takardarta a ƙugu, ta ɗauki guzuri ta nufi gabas. Ta kai kasuwar bakin kogi, aka ce an yi wani ƙato mai gyaran fartanya, amma an sayar da shi gaba. Ta bi zuwa kasuwa ta biyu, aka ce kamar an gan shi. Ta kai ta uku, ba wanda ya san shi. Guzurinta ya ƙare, sai ta juyo.

Ta dawo fadama ta zauna, garin ya yi ta girma. Ta tsufa a nan, 'ya'yan waɗanda ta fitar suna kiran ta Iya. Duk ayarin da ya sauka sai ta dogara sanda ta je ta kai musu ruwa, ta tambaye su ko sun ga wani mutum dogo mai yawan dariya. Har ta bar duniya ba ta sami wanda ya ce ya gan shi ba.

To, kun ji. Duk mai gona ya fara shuka abin da zai ci kafin abin da zai sayar. Kuma mutum ba kaya ba ne. In an sayar da shi, ko daga baya an gyara komai, ba lalle ya dawo ba.

Kurunkus, nan ta tsaya, kowa ya kama gabansa.