Gidan Kakan Kowa

Kun gani. Kada wani ya ce mini bai gani ba. Duk wanda ya zo wurin nan yau ta bakin tsohuwar ganuwa ya biyo. Ya ga inda aka ƙwaƙule ta, ya ga tifa tana lodin ƙasarta da rana tsaka, ya sunkuyar da kai ya ƙara sauri don kada sahun gaba ya wuce shi. To, kun sami sahun gaba. Ku gyara zama, ku saurara.

An yi wani mutum, wani bawan Allah, can a ƙasar Bangala, inda ruwa ya fi tudu yawa. Sunansa Sobhan. Ba malami ba ne, ba attajiri ba ne. Sana'arsa yi wa baƙi jagora.

Garinsu tsohon gari ne a bakin kogi. A zamanin da, fatake masu cinikin tufafi sun gina layi guda na benaye da jan tubali, ana yi wa tubalin zane tun yana ɗanye: nan fure, nan kifi, nan tsuntsu. Sai fitina ta tashi a ƙasar. Masu benayen, yawancinsu mabiya addinin Hindu, suka kulle ƙofofinsu, suka damƙa wa maƙwabta amana, suka yi ƙaura. Ba su dawo ba.

Ba wanda ya zo da gatari ya rushe gidajen nan, jama'a. Cediya ce ta tsiro a tsagar bango, aka gani, aka kau da kai. Damina ta cinye rufi, aka gani, aka kau da kai. Wannan ya zari tubali ya gyara murhu, wancan ya cika kwando ya ɗaga katangar bayan gida. A haka layin ya zama kufai.

Kullum da safe jirgin ruwa yana kawo baƙi masu son ganin tsofaffin gine-gine, su wuni, su koma a jirgin yamma. A cikinsu akan sami 'ya'ya da jikokin waɗanda suka yi ƙaura, sun zo neman gidan iyayensu. Sai 'yan jagora suka yi dabara. Akwai bene ɗaya da ya rage da rufinsa, mai shuɗiyar ƙofa. Duk wanda ya zo neman gidansu, nan za a kai shi, a ce, "Ga shi nan, mun adana muku." Ya yi kukansa, ya sa wa gari albarka, ya tafi. A tsakaninsu suna kiransa Gidan Kakan Kowa.

Sobhan bai taɓa kai kowa can da wannan ƙaryar ba, shi ya sa abokan sana'arsa suke masa ba'a, suna ce masa Liman. Amma ku ji yadda yake yi. Da ya hango irin waɗannan baƙi, sai ya zame, ya bar wa wasu. Bakinsa bai yi ƙarya ba, bai kuma hana a yi ba. Irin namu ke nan.

Ran nan sai Allah ya toshe masa hanyar zamewa. Jirgi ya tsaya, kowane jagora ya kwashi baƙinsa, saura wani tsoho makaho da ɗansa suna lallaɓawa a kan katakon sauka. Sobhan ya miƙa hannu ya taimaka. Da tsohon ya taka ƙasa, sai ya ƙi sakin hannun.

"Ɗana, sunana Haripada, a garin nan aka yanke mini cibi. Ka san gidan Gobinda mai tufafi? Ubana ne. Ka kai ni in shafa ƙofarmu."

Sobhan ya san gidan, kowa ya san shi. Juji ne yanzu, nan ake ɗaure awaki.

Ɗan tsohon, mai suna Tapon, ya ja shi gefe ya yi ƙasa da murya. "Ma'aikatan jirgi sun faɗa mini komai, na san gidan ya rushe. An ce akwai wani mai shuɗiyar ƙofa. Can za ka kai mu."

"Ranka ya daɗe, wancan ba gidanku ba ne."

"Na ce maka na sani! Ba ya gani. Likita ya ce da wuya ya kai wata damina. Me zai rage ka da shi?"

Sobhan ya ce, "Bari mu fara zaga gari tukuna."

Ya zaga da su, yana jan ƙafa. Ya kai su tsohon masallaci mai kubbobi jere. Tsohon ya tsaya daga waje yana shafa zanen bangon, yana ba da labarin yadda suke wasan ɓuya a nan suna yara, ladan yana korar su da tsintsiya, 'ya'yan Musulmi da na Hindu duka. Ya kai su babban tafkin da sarakunan da can suka haƙa, tsohon ya sauka matakala ya wanke fuska. Ya kai su unguwar masaƙa, tun daga nesa tsohon ya ji ƙarar ƙoshiya ya washe baki. Ko'ina aka tsaya sai ya tambaya, "Saura gidanmu ko?" Sobhan ya ce, "Saura, Baba."

Da rana aka zubo musu shinkafa da kifi a ganyen ayaba. Tsohon yana zare ƙaya da yatsu yana cewa, "Tapon, ka ji kifi! Wanda kuke ba ni a can tsumma ne." Sobhan kuwa ya ture ganyensa gefe. Ya tashi wanke hannu, sai ga Jolil, babban 'yan jagora, yana dariya.

"Liman, yau an ritsa da kai! Kawo tsohon nan in kai shi, kai ka je ka ja carbi. Ko jiya mutum biyu na kai, ba su san juna ba, kowa ya rungumi ginshiƙi ɗaya yana 'wayyo kakana'."

"Jolil, ka ji tsoron Allah."

"Tsoron Allah ne ya hana ni fasa zuciyar makaho. Kai naka tsoron me ya tsinana wa wani?"

Kada ku yi saurin tsine wa Jolil. Ku tambayi kanku, da ku ne fa? Maganar ta shigi Sobhan. Ya ce a ransa, kalma ɗaya ce, tsoho ya mutu da farin ciki. Ƙafafunsa da kansu suka kai su bakin shuɗiyar ƙofa.

Tapon ya kama hannun ubansa ya ɗora a kan ƙyauren. Tsohon ya juyo da fuskarsa wajen Sobhan ya ce, "Ɗana, kai ne idona yau. Nan ne?"

Ku saurara da kyau. Tapon ya matse wa Sobhan dantse. Jolil yana tsaye can yana gyaɗa masa kai. Sobhan ya dubi fuskar nan da ta miƙa masa wuya gaba ɗaya. Ya ga cewa iyayen mutumin nan sun bar wa garin amanar gida an ci, yau kuma ɗansu ya ba da amanar ido za a ci.

Ya ce, "A'a, Baba. Ba nan ba ne. Gidanku ya rushe. Idan ka yarda, in kai ka inda yake."

Kafin ya rufe baki Tapon ya ɗauke shi da mari. "Mugu! Marar tausayi!" Sobhan bai rama ba, bai ko shafa kuncinsa ba. Tsohon ya janye hannunsa daga ƙyauren a hankali. Sannan ya ce, "Kai ni."

Suka isa. Wari ne ya fara tarar su, sai kukan awaki. Tsohon ya ce, "Faɗa mini abin da kake gani, kada ka rage."

"Shara, Baba. Cediya a inda ɗakuna suke. Ba bango, ba rufi."

Tsohon ya zube a ƙasa. Sobhan ya tuɓe rigarsa, ya durƙusa cikin jujin yana tona da hannu, yana ture ɓawon kwakwa da kashin awaki da fasassun tukwane, har kwalba ta yanke shi, bai fasa ba. Can ya tarar da dutsen dokin ƙofa, wanda nauyi ya hana a sace. Ya goge shi da rigarsa, ya kamo hannun tsohon ya ɗora.

Tsohon ya bi dutsen da yatsu, ya sami inda ƙafafu suka cinye tsakiyarsa ya yi kwari. Ya kifa goshinsa a kai ya fashe da kuka, yana kiran uwarsa kamar yaron goye. Da ya lafa, sai ya ɗaga murya: "Maƙwabta aka bar wa mabuɗi. Suna nan?"

Suna nan. Suna leƙe ta tagogi. Ɗaya bayan ɗaya tagogin suka rufe. Mace ɗaya ce tak, wata tsohuwa, ta fito da tubali a hannu, ta ciro shi daga murhunta, baƙi ƙirin da hayaƙi, da sauran ɗumi. Ta ajiye masa a cinya, ta koma. Tsohon ya laluba, ya ji zanen kifi a jikinsa, ya rungume.

Da yamma a bakin jirgi, Tapon ko kallon Sobhan bai yi ba. Tsohon ne ya laluba hannunsa ya riƙe, ya ce, "Ka ƙona mini rai yau, ɗana. Amma a ƙofar ubana na yi kuka, ba a ƙofar wani ba."

Ba zan ce muku daga nan Sobhan ya yi arziki ba. 'Yan jagora suka haɗe masa kai don ya tona asiri, ya koma dako a bakin kogi. Sai dai daga ranar bai sake zamewa ba. Kullum kafin jirgi ya iso, za a gan shi da adda yana sare cediya a bangayen da suka rage, duk baƙon da ya tambaye shi kuma ya faɗa masa gaskiya. Wasu suka ce ya zare. Wasu kaɗan suka ɗauko addunansu.

Darasin a fili yake. Gaskiya amana ce, ko da za ta sa a mare ka. Kuma mai gaskiya ba ya jefa wa mutum ita ya wuce, durƙusawa yake yi cikin juji ya tona tare da shi. Ƙarya mai daɗi ita ta rushe layin nan, domin muddin akwai shuɗiyar ƙofar da za a nuna, ba wanda zai ji kunyar sauran.

Mu ma muna da tamu. Ƙofar gari ɗaya muka shafa wa fenti, nan muke kai baƙi ɗaukar hoto, muna cewa mu masu tarihi ne. A bayanta ganuwa ta zama ramin ɗibar ƙasa. Soron kakanka ya tsage, indararo ya karye, ka ce sai bayan kaka, kaka ta wuce ka ce sai baɗi. Tsohon masallacin unguwarku azararsa tana zuba, kuna salla a ƙarƙashi kuna kallon tabarma. Akwai mutum a zaune a nan wanda ƙasar ganuwa ce a bangon shagonsa. Ban kira suna ba, ya san kansa. Kada ku ce mini aikin hukuma ne, ba hukuma ce ta bi ta wurin ɗazu ta sunkuyar da kai ba. Gobe jikokinku za su riƙe muku hannu su ce, "Nan ne?" Me za ku nuna musu?

Saboda haka ku tashi. Wanda ya ɗiba ya mayar. Wanda ya ga tifa ya tsaya a gabanta ya yi magana, ko shi kaɗai ne. Ranar Asabar, da an idar da sallar asuba, kowa ya fito da kwando da shebur mu haɗu a inda aka ƙwaƙule. Kada ka turo ɗanka. Kai da ka kau da kai, kai za ka zo.