Cokalin Sarkin Jirage

Na rantse da bulalar malamin da na gudu na bar wa allona, ba za ku yarda da wannan labari ba. To, ku ƙi yarda ɗin. Duk unguwarmu dai babu wanda ya kai ni sanin teku, ko da yake ƙafata ba ta taɓa hawa kwalekwale ba.

A zamanin da, can ƙasar Rashawa, inda teku kan daskare har doki ya yi sukuwa a kansa, wani sarki ya yi umarni a fita da jiragen yaƙi a ƙwato masa wani tsibiri kafin ƙanƙara ta rufe hanya. Jirage suka fita. Ba a daɗe ba sai ga su sun komo, ko igwa ba a harba ba. Sarki ya fusata, ya ce wa ya juyo da su? Waziri Barlam ya faɗi ya yi gaisuwa, ya ce, "Allah ya ba ka nasara, Sarkin Jirage ne. Tsufa ya zo masa da tsoro." Nan take aka tuɓe shi, aka ce gobe a karya takobinsa a bisa kansa a gaban fada, yadda ake yi wa matsorata. Sarautar kuwa Waziri ya roƙa, aka haɗa masa da tasa.

Shi wannan Sarkin Jirage, Nikifor ɗan Luka, tun ba shi da gemu ya shiga jirgi yana jan igiya. Sanyi ya cinye masa yatsun hagu, wutar igwa ta ƙona masa kunci, ya riƙe ƙaramin jirgi, ya riƙe babba, har rundunar duka ta dawo hannunsa. Sojojin ruwa ba su kiransa da sarauta, sai dai Baba. Akwai kuma al'adar da ya tarar bai taɓa ƙetarewa ba: in rana ta take, kuku zai ɗebo miya daga tukunyar sojoji ya kai wa shugaba, kuma babu mai cin abinci a jirgi sai shugaba ya sha ya ce a buga ƙararrawa. A wannan fita naman da aka cika gangunansu da shi ruɓaɓɓe ne, surukin Waziri ne ya sayar. Kullum Nikifor yana sha yana haɗiyewa, har ya ga dasashin yaransa na jini, ana jefa gawa a ruwa tun ba a hango abokin gaba ba. Shi ne ya juyo. Ya aika wa Waziri da bayani, bayanin bai wuce zauren Waziri ba.

Da safe matarsa Agafiya ta goge maɓallan rigarsa har suna ɗaukar ido, ta ajiye masa gurasa. Ya juya ta, ya mayar.

"Ba ka jin yunwa ne, ɗan Luka?"

"Na ƙoshi, uwargida."

Ta kama haɓarsa kamar ta yaro. "Buɗe bakin nan in gani." Da ta ga yadda haƙoransa ke girgiɗi, ba ta yi kuka ba, sai ta gyara masa wuyan riga. "Shekarun da na yi ina tsayuwa a bakin ruwa ina jiranka, ban yi su don in ga an karya takobinka ba. Ka faɗa wa sarki."

"In na faɗa, maganata ce da ta Waziri, kuma shi ya fi ni kusa da kunne." Sai ya yi murmushi. "Amma ki biya ta tashar jirage ki tambayi kuku ko yaran nan sun ci abinci jiya."

Fada ta cika maƙil. Sarki ya ce, "Nikifor, kana da magana?"

"Ranka ya daɗe, roƙo ɗaya gare ni. Kada al'adar jirage ta mutu tare da sarautata."

Waziri ya yi caraf ya ce, "Wannan mai sauƙi ne. Duk abin da Sarkin Jirage ke yi, na ɗauka a wuyana." Shi a zatonsa sa lambobin zinariya ne da karɓar gaisuwa.

Bai rufe baki ba rana ta take. Sai ga kuku ya shigo da kwano a rufe, Agafiya na biye, ya durƙusa gaban Waziri. "Ranka ya daɗe, tun jiya sojoji ba su sa komai a baki ba, suna jiran shugaba ya sha."

Aka buɗe kwano. Fadawan da ke kusa suka ja da baya, wani malami ya toshe hanci da hannun riga. Waziri ya ɗaga cokali, ya kai baki, hannu ya ƙi. Ya ce ai yana azumi. Sarki ya ce, "Da safen nan muka karya tare. Miƙo cokalin." Sarki ya kurɓa, fuskarsa ta sauya.

"Nikifor, wannan ka riƙa sha?"

"Abin da yarana ke ci ne, ranka ya daɗe."

"Kai ka buga musu ƙararrawa a kan wannan?"

Tsohon ya sunkuyar da kai. "Na buga, don babu wani abincin. Ranar da na kasa bugawa, ita ce ranar da na juyo."

Sarki ya sauko da kansa ya rataya masa takobinsa. Ya sa a buɗe rumbun fada a ciyar da sojoji da iyalan waɗanda aka bari a teku. Waziri da surukinsa kuwa, da aka gano inda naman ya fito, aka ba su ɗaki guda da sauran gangunan, aka ce ba su fita sai sun cinye naman har gindin ganga.

Da suka isa gida, Agafiya ta dama masa kunu mai laushi, ta kawo a rufe, ta ƙame a gabansa kamar soja. Ya sha cokali ɗaya, ya dube ta, ya ce, "A buga ƙararrawa." Ta ƙwanƙwasa tukunya da ludayi, sannan ta zauna kusa da shi suka sha a kwano ɗaya.

Daidai nan na kai a labarin, a bakin murhun Goggo Tabawa, sai ta damƙe hannuna cikin tukunyarta da tsokar nama. Na ce al'adar jirage nake rayawa. Ta ce madalla, Sarkin Jirage, ga tukwanen suna can jibge a bakin rijiya, kuma toka tana bayan ɗaki.