Ƙullin da Ibemhal Ta Ƙi Ɓoyewa

An yi wata baiwar Allah a zamanin da ya shuɗe, a wani gari na mutanen Meitei, can gabashin Indiya. Sunanta Ibemhal. Masaƙiya ce, ba ta mallaki komai ba sai masaƙar da uwarta ta bar mata.

Ku saurara. A garin nan mata ke riƙe da saƙa, su kuma ke jagorantar bikin ibadarsu na shekara. Ƙa'idarsu ita ce, mayafin da shugabar bikin za ta yafa, ba a yarda zarensa ya tsinke a ƙulla ba. Wadda ta kawo mai ƙulli, ita da wannan saƙa har abada. A wata shekara aka zaɓi Ibemhal ta saƙa mayafin.

Tana dab da gamawa, biki ya ƙarato, sai zare ɗaya ya tsinke. Ta ƙulla, ta shafa, ƙullin ya ɓace cikin ado. Amma zuciyarta ta ƙi kwanciya.

Yayarta Tombi ta ce, "Ke dai kin cika neman wahala. Wa zai gani? Tsohuwar nan, shugabar bikin, ko akuya ba ta bambance ta da ɗan maraƙi!"

Ibemhal ta ce, "Yaya, ni na gani."

Ta naɗe mayafin, ta je gaban shugabar, tsohuwa Leirik, mata cike da tsakar gida. Ta durƙusa ta ce, "Uwa, ga mayafi, ga kuma inda na ƙulla."

Tsohuwa ta sa aka ɗauko mayafan shekarun baya. Ta kama yatsan Ibemhal tana ɗora shi: nan ƙulli, nan ƙulli, nan ma ƙulli.

Ta ce, "Idona ya mutu, 'yata, yatsuna ba su mutu ba. Shekara da shekaru ina yafa ƙarya, ina jiran wadda za ta faɗa." Ta yafa mayafin, ƙullin a waje inda kowa zai gani. "Muddin ina numfashi, ba mai saƙa mini sai ke."

Mata suka rangaɗa guɗa, Tombi ta fi kowa.

Jama'a, addininsu daban, namu daban, amma gaskiya ba ta da ƙabila. Wane ne a cikinmu ba ya yawo da ƙulli a rigarsa, yana shafawa, yana cewa ba mai gani? Tsohuwa ma ta ji da yatsa, balle Wanda ba ya barci. Mu nuna namu da hannunmu, tun ba a ɗora yatsanmu a kai ba.