Igiyar da Akuya ta Cinye

Ku matso kusa, ku ajiye gyaɗar nan tukuna, don yau sai kun yi mini hukunci.

A ƙasar Kurgumi wata biyu ne a sama, Fari da Ja. Ruwan gishiri ya kewaye ƙasar, sau ɗaya tak a shekara yake janyewa, hanya ta buɗe zuwa kasuwar ƙetare, kafin rana ta take tsaka ya dawo. Daga gari zuwa mashigin tafiyar kwana bakwai ce, kuma babu ruwan sha a can, ba mai iya zaman jira ya wuce kwana biyu. Shi ya sa suke da Sarkin Ƙirge, wani tsoho Baba Ɗandare, wanda kullum safiya yake ƙulla ƙulli ɗaya a igiya. Shi kaɗai ya san karatunta, ko 'ya'yansa bai koya wa ba, wai kada sarauta ta yi arha.

Shekarar da fara ta cinye gonaki har ba a bar irin shuka ba, a ita ce tsohon ya shanya igiyarsa a kan danga, ya shiga barcin rana. Akuya ta zo ta yi kalaci da shekara guda. Idan ba a ƙetara an sayo iri ba, Kurgumi ta mutu. Tsoho ya zauna yana kuka kamar yaro, 'ya'yansa uku suka ce ya share hawaye.

Babban, Jatau, makiyayi ne. Ya daɗe da lura cewa Fari da Ja suna haɗuwa duk bayan kwana sittin, kuma a ranar yake kai shanu lasar kanwa, ya yi tsaga a sandarsa. Ya tuna bara ranar haɗuwa aka ƙetara. Ya duba sanda, tsaga biyar. Ya sa wa kwana sittin ɗin suna gamo, ya ce gamo shida ne shekara, na shidan kuwa saura kwana ashirin. Gari ya ɗauki guɗa, aka fara ɗaure kaya.

Ta biyun, Marka, ta ce a dakata. Shekarun baya mijinta ya taɓa makara a ƙetare, ruwa ya rufe masa hanya, ta yi ta jefa ƙwallon tsamiya ɗaya a tulu kowace rana har ya dawo. Mata sun yi mata dariya a lokacin, amma ba ta zubar ba. Ta juye tulun a gaban dattawa aka ƙirga, sai ga gamo shida cif da ƙwallo biyar a gefe.

Ta ce, "Yaya, lissafinka daidai ne, amma akwai kwana biyar da ba su da uwa a cikin watanninka. In muka tashi yadda ka ce, ƙishirwa za ta koro mu kafin ruwa ya janye."

Aka kira su kwanakin marayu, aka ƙara su a ƙarshen shekara.

Autan, Barmo, gyartai ne, mai gyaran ƙorai. Ya tambayi uban tsawon lokacin da hanya take yi a buɗe, tsoho ya ce daga sa'ad da inuwar mutum ta kai tsawonsa har ta shige ƙarƙashin ƙafarsa. Barmo ya ce to in an yi hadari fa? Aka ce yaron nan ya cika baƙin baki. Bai kula ba, ya huda ƙwarya ya ɗora a kan ruwan baho, ya auna da inuwa kwana da kwanaki, kullum sai ta nutse sau goma sha biyu.

Aka isa mashigi ranar da aka ƙirga, ruwa ya janye kamar an kira shi. Sai ga hadari ya rufe rana ruf. Barmo ya zauna a bakin gaɓa da bahonsa da babbar ganga, duk nutsewa ya buga. Fataken Kurgumi sun sami gero da araha a ƙetare, kwaɗayi ya riƙe su, suna cewa ai da sauran rana. Da ƙwarya ta takwas ta nutse ya kama dukan ganga ba tsayawa, sai da suka juyo suna zaginsa. Jakin ƙarshe ya hau tudu ruwa na lasar wutsiyarsa.

An shuka, an girbe, rumbuna suka cika har aka gina sababbi. Tun daga nan yaran Kurgumi suke haddace gamo shida da marayu biyar, mata kuma suke auna dahuwar wake da ƙwarya. Akuyar ma an yafe mata.

Baba Ɗandare ya kira 'ya'yansa, sandar sarauta a hannunsa, ga ta guda ɗaya. Ba don Jatau ba, da ba a san inda shekara take ba. Ba don Marka ba, da an je an dawo hannu wofi. Ba don Barmo ba, da iri da masu iri suna ƙarƙashin ruwa. Tsohon ya dubi wannan, ya dubi wancan, hannunsa ya kasa miƙewa.

To, ku da kuka ji, in ku ne shi, wa za ku miƙa wa sandar?