Gwauruwar da Ta Ciyar da Gara

Akwai wata mace a wani ƙauye, mijinta ya rasu ya bar ta da 'ya'ya ƙanana. Da aka zo rabon gona, sai rabon marayun ya faɗa kan tsohuwar masussukar gidan. Shekara da shekaru ana bugun hatsi a wurin, mutane na takawa, jakuna na takawa, har ƙasar ta danƙare ta zama fako, ta yi tauri kamar daɓen ɗaki. Wan mijinta kuwa ya sami jigawa, ƙasa mai yashi mai sauƙin noma.

Da damina ta faɗi, matar ta yi shuka kamar kowa. A shekarar nan an yi ruwa sosai, amma geronta bai kai gwiwa ba ya yi ja, ya bushe a tsaye. Abin da ta girbe bai kai su tsakiyar rani ba.

Sai wan mijinta ya zo. Shi ba mugu ba ne, mutum ne mai tsoron kada a ce 'ya'yan ƙanensa sun kwana da yunwa yana raye. Ya ce mata, "Matar ƙanena, wurin nan ba ya haihuwa. In baɗi ma haka aka yi, zan raba yaran nan cikin dangi, kowa ya riƙe ɗaya, ke kuma ki koma gidanku."

Ta ce, "Na ji, Yaya. Ka ba ni damina ɗaya."

Ko da ta faɗi haka, ba ta san abin da za ta yi ba. Amma akwai abin da ta gani, wanda ya tsaya mata a rai. Wata rana a cikin daminar da ta wuce, bayan an ɗauke ruwa, ta je gonar ta iske ruwa kwance ko'ina, wani kuma yana gangarewa zuwa kwari. Ta durƙusa ta sara ƙasar da fartanya, sai ga busasshiyar ƙasa, ko tsawon yatsa ruwan bai shiga ba. A gefen gonar kuwa akwai inda aka taɓa yar da tarin kara, gara ta cinye shi. Nan kaɗai ciyawa ta yi kore shar. Da ta tona wurin, sai ta ga ƙasar duk ƙananan ramukan gara ne, hannunta ya nutse cikin danshi har wuyan hannu.

Saboda haka da rani ya yi, lokacin da manoma ke hutawa a gindin bishiya, sai ta ari diga. Ta bi fakon nan tana haƙa ramuka, kowane kamar faɗin ƙwarya, tana tara ƙasar a gefen da ruwa ke gangarewa don ta tare shi. A cikin kowane rami ta zuba kashin awaki da guntayen kara da ƙaiƙayi. Tafin hannunta ya yi kanta, ya fashe, ya sāke yin kanta. Ba a daɗe ba gara ta ji labari, ta zo da danginta duka.

Wan mijinta ya biyo ta wurin, ya tsaya yana kallo, ya yi dariya. Ya ce, "Kowa korar gara yake yi daga rumbunsa, ke kuwa tuwo kike tuƙa mata?"

Ta ce, "'Yan ƙwadago ne na ɗauka, Yaya. Inda digata ta tsaya, daga nan suke farawa."

Damina ta zo, ta shuka geronta a cikin ramukan. Ruwan da dā yake gudu, yanzu ya sami wurin zama, ya bi hanyoyin gara ya gangara can ƙasa, saiwar gero ta bi shi. Ana tsakiyar damina sai sama ta ɗauke, aka yi fari. Jigawar wan mijin ta sha ruwa da yawa tun farko, amma yashi ba ya riƙo, abin da ya shiga ya wuce kamar an zuba a rariya. Geronsa ya naɗe ganye ya sunkuyar da kai.

A kwanakin nan ne ya tashi zuwa gidan gwauruwar don su gama maganar yara, gama ya ce a ransa, in jigawa ta yi haka, ina ga fako. Hanya ta bi da shi ta masussukar. Ya iske gero tsaye, baƙi ƙirin don ƙoshi, ya fara fid da kai. Ya durƙusa ya cusa hannu a gindin wata shuka, ya damƙo ƙasa mai sanyi. Gani ya kori ji. Ya daɗe a durƙushe, sa'an nan ya ƙarasa gidan.

Matar ta fito, yaran suna riƙe da zanenta. Ya dube su, ya dube ta, ya ce, "Ba yara na zo ɗauka ba. In rani ya yi, ki zo ki duba mini tawa gonar."

Ma'anar wannan misali ita ce, ruwan sama Maganar Allah ce, ƙasa kuwa zuciyar mutum. Ku lura, masussuka ba mugun wuri ba ne. Aikin kirki ne ya taurara ta. Haka waɗansunmu muke: mun daɗe a cikin ikilisiya, mun yi hidima, an taka mu, mun saba da kowace aya, har Magana takan sauka a kanmu ta kwanta a sama, cikinmu kuwa a bushe. Waɗansu kuma jigawa ne. Ran Lahadi su ne masu "Amin" da ƙarfi, kafin Talata ba ko ɗigo.

Gara kuwa ita ce abubuwan nan da ba ma so: tsautawar ɗan'uwa, ciwon da ya kwantar da kai, gaskiyar da ta fito daga bakin wanda ka raina. Muna korarsu, alhali sau da yawa ta wurinsu ne Ubangiji yake huda wa Maganarsa hanya.

Ni dai ina jinjina wa matar nan, ina kuma ƙaunar halinta. Ba ta zargi sama ba, ba ta tsaya kuka a kan rabon da aka ba ta ba. Ta durƙusa ta tona ta ga gaskiyar gonarta, da haka ta riƙe 'ya'yanta a ɗakinta. Kai ma akwai waɗanda za su ci daga gonar zuciyarka, ko su kwana da yunwa. An yi ruwa yau da safen nan, wato Maganar da ka ji. In ka koma gida, ka durƙusa ka tona, ka ga iyakar inda ya shiga.