Kyaftin Ɗin da Ta Rufe Bakin Ƙannenta

Akwai wata 'yar ƙwallon ƙafa mai suna Chizuru Okabe, a wani garin bakin teku da ke tsibirin Shikoku na ƙasar Japan. 'Yar wasan tsakiya ce, kuma ita ce kyaftin ɗin ƙungiyar matan garin. Da safe tana aikin tantance lemo da jera shi a kwali a kamfanin da ke ɗaukar nauyin ƙungiyar, kamar sauran 'yan wasan. Da la'asar kuma sai fili.

Maganar iya wasa kam, ba a ja da ita. Idan ƙwallo ta zo ƙafarta, ta riga ta san inda za ta aika ta tun kafin mai karɓa ta fara gudu.

Sai dai baiwar Allahn nan akwai son girma. Lokacin da take ƙarama a ƙungiyar ta sha wuya a hannun manya: ita ce ɗaukar jakar ƙwallaye, ita ce wankin rigunan atisaye, ko ido ba ta isa ta ɗaga ba. Da girma ya zo hannunta, sai ta ce ai yanzu lokacinta ne.

Wata shekara aka ɗauko wata yarinya mai suna Fumika, daga gama sakandare. 'Yar masunta ce, ta tashi tana kiran mahaifinta daga bakin gaɓa yana cikin jirgi, don haka muryarta ba ta san rowa ba.

A makonta na farko ana cikin atisaye, aka turo wa Chizuru ƙwallo, wata na lallaɓowa ta bayanta. Fumika ta buɗe maƙogwaro.

"Chizuru! Bayanki!"

A can ƙarami ba ya kiran babba da sunansa tsura, sai da sunan gidansu haɗe da "san" na girmamawa. Chizuru ta take ƙwallon da ƙafa, ta juyo a hankali.

"Wa ya kira ni?"

Fumika ta sunkuya. "Ni ce, Okabe-san. Na ga ana zuwa ta bayanki ne."

"Ni sa'arki ce? Tare muka yi wasan ƙasa? Lokacin da na fara buga gasa, ke ko igiyar takalmi ba ki iya ɗaurewa ba. Ina da idona, ban nemi aron naki ba."

Ranar Fumika ita kaɗai ta tsince ƙwallaye, ita kaɗai ta wanke riguna. Gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah. Daga nan babu ƙaramar da ta sake ɗaga wa kyaftin murya a fili, Chizuru kuwa ta ji daɗin abinta, ta ɗauka ladabi ta koyar.

Amma shekaru ba sa tambayar wa ke da kambun kyaftin. Da ta haura talatin, wuya ya rage saurin waiwaye, ƙafa ta rage zafi. Ƙungiyoyin hamayya suka gano haka, suka riƙa zuwar mata ta ƙeya.

A wani wasa da suka je baƙunta abin ya fito fili. An miƙo mata ƙwallo tana fuskantar gidansu, wata ta taho a guje ta bayanta. Fumika na kusa, kuma ta gani sarai. Ta buɗe baki cikin ladabi: "Okabe-san, gafara dai, ina ganin kamar..."

Kafin ta kai ƙarshen gaisuwar nan tata, an ƙwace ƙwallo, an zura a raga. Da wannan aka cinye su.

Washegari Koci Kuwabara ya kira Chizuru ofishinsa, ya kunna mata bidiyon wasan.

"Kada ki kalla," in ji shi. "Saurara kawai."

Ta saurara. Duk wadda ƙwallo ta je wa, sai hayaniya ta tashi: "Juya!" "Saki!" "Kina da fili!" Da ƙwallo ta iso ƙafarta ita, sai shiru, ban da kukan tsuntsayen teku.

"Ba ni na rage muryar ba," in ji kocin. "Ke kika rage ta. Kowa a filin nan da idon mutum goma yake wasa, ke kaɗai ce mai ido biyu. Wasa ɗaya ya rage a kakar nan, Okabe. In aka sake ƙwace ƙwallo ta bayanki, baɗi ba kya cikin 'yan wasana."

Ta fita ranta a ɓace. Da farko haushin yaran ta ji. Da ta tsaya gaban tulin lemo tana juya maganar, sai haushin ya koma kunya, don ta tuna wa ya rufe musu baki. Kuma ta ji tsoro na gaske. Ƙwallo ce rayuwarta, ba ta shirya zama mai jera lemo safe da yamma ba.

To amma abu ɗaya da Chizuru: in ta gano inda ɗaki ke yoyo, ba ta tsayawa zargin ruwan sama.

Da la'asar yara suka iso fili suka tarar kyaftin ta riga su, ta saɓo jakar ƙwallaye a kafaɗa. Suka rugo a firgice.

"Okabe-san, kawo mu ɗauka!"

"Ku bar shi. Ku jeru nan."

Suka jeru. Ta tsaya gaban Fumika ta sunkuya sosai, irin sunkuyawar da ƙarami ke yi wa babba, ta daɗe ba ta ɗago ba.

"Ranar nan da kika kira sunana a atisaye, gaskiya kika faɗa mini, ni kuma na hukunta ki. Na zalunce ki. Ki yafe mini."

Fumika ta rasa inda za ta sa kanta, ita ma ta sunkuya har goshinta na neman gwiwa.

"Daga yau," in ji Chizuru, "da zarar mun tsallaka farin layin nan, babu Okabe-san. Chizuru nake. Kira in ji."

Fuskar yarinyar ta yi ja. "Chi... Chizuru... san."

"Cire wutsiyar."

Harue mai tsaron gida, wadda ita kaɗai ce sa'ar Chizuru a ƙungiyar, ta fashe da dariya. "Ke kika ɗaure akuya shekara da shekaru, yau kin kwance kina cewa ta yi tsalle! Ai sai ta miƙe ƙafa tukuna."

Gaskiyar Harue ce. Aka fara atisaye, baki ya ƙi sakuwa. Sai Chizuru ta kafa doka: duk wadda ta ga haɗari ta yi shiru, ko ta tsaya gaisuwa a fili, ita kyaftin da hannunta za ta wanke mata riga.

Ranar farko ta kwashi riguna ta tsuguna gaban famfo tana cuɗawa, masu rigunan na tsaye a kanta kamar su nutse cikin ƙasa. A wurinsu, a ce babba na wanke maka datti kana kallo, ya fi zagayen fili ciwo. Kafin mako ya ƙare, sunan Chizuru ya fi na kowa shan kira.

Ranar wasan ƙarshe a gida aka yi. Masunta da ma'aikatan lemo sun cika wurin zama da gangunansu. 'Yan wasa suka sunkuya wa fili, suka shiga.

Aka dawo daga hutun rabin lokaci babu ci. Can Harue ta gangaro wa Chizuru ƙwallo, tana fuskantar gida, daidai irin ta wancan karon. 'Yar hamayya ta taso ta hagunta, inda ido ba ya kaiwa.

Sai muryar 'yar masunta ta tsaga filin, har ta danne ganguna.

"CHIZURU! Hagu! Saki mana, ke kurma ce?"

Chizuru ba ta waiwaya ba, ba ta yi shakka ba. Taɓawa ɗaya ta yi da gefen ƙafa, ta karkatar da ƙwallon dama, wajen da muryar ta fito. Mai zuwa ƙwace ta wuce fuu, ta kama iska. Fumika ta ja ƙwallon cikin filin da ya buɗe, ta ɗaga kai, ta narka ta a kusurwar raga.

Haka aka tashi, ɗaya da nema.

Bayan sun jeru sun sunkuya wa 'yan kallo, suna tsallake farin layi Fumika ta sha gabanta, ta sunkuya.

"Okabe-san, ki gafarce ni. Har da kurma na ce."

"Na ji. Har na cikin jirgi a teku sun ji." Ta dafa kafaɗarta tana dariya. "Ban taɓa jin zagi mai daɗinsa ba."

Koci Kuwabara ya zo wucewa, bai ko tsaya ba. "Atisayen baɗi da wuri za a fara. Kada ki makara, Kyaftin."

Chizuru ta sunkuya ta kama hannun jakar ƙwallaye. Fumika ta yi wuf ta kama ɗaya hannun. Babu wadda ta saki, haka suka ɗauke ta tare har ɗakin ajiya.

Darasi: Komai girmanka ba ka ganin ƙeyarka, na bayanka ne ke ganin ta. In ka rufe bakin na ƙasa da kai don a girmama ka, idonka ka rufe, kuma ranar da haɗari zai taho ta baya shiru za ka ji. Durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne. Ku tura wa iyaye, shugabanni da duk wani babba da ƙanana ke tsoron faɗa wa gaskiya.